Haƙarƙarin rago da romon zaƙi: me ya sa yake ƙonewa, naman kuma ya yi tauri?

"Assalamu alaikum, Anti. Ina yawan ganin wani girki na Turawa inda ake soya yankan nama mai ƙashi a kasko, a lulluɓe shi da ruwan zaƙi na 'ya'yan itace mai sheƙi, wai cikin rabin awa an gama. Su da naman alade suke yi, ni kuwa na gwada da haƙarƙarin rago. Sau biyu ke nan ina kwaɓa zuma da ruwan abarba in jiƙa naman, in zuba a kasko. Kafin minti biyar ya yi baƙi, gida ya cika da ƙauri, ciki bai dahu ba, da na ƙara masa lokaci kuma sai ya koma kamar fata. Ƙarfe biyar nake tashi daga aiki, ina son abin da zan haɗa kafin isha'i. Naman rago ne bai dace da girkin ba, ko ni ce ban iya ba?"

Wa alaikumus salam, 'yar'uwa. Naman rago ya dace da girkin nan sarai. Mutanen Maroko sun daɗe suna dafa rago da zuma da busasshen inabi, har suna da wani girki irin wannan da suka saba yi da naman layya bayan babbar sallah. Mu ma ba baƙin abin ba ne kamar yadda muke zato, domin wasu masu kilishi kan sa dabino ko ɗan sukari a cikin haɗinsu, shi ne ɗan zaƙin nan da kike ji yana biyo bayan yaji.

Matsaloli biyu ne suka haɗu miki a kasko ɗaya, kuma kowacce da sababinta. Ƙonewar daga lokacin da kika sa zaƙin ne. Taurin kuwa daga naman da kika sayo ne, da tsawon lokacin da ya yi a wuta. Idan kika gyara ɗaya kika bar ɗaya, ba za ki ji daɗin girkin ba.

Zaƙi da nama ba wutarsu ɗaya ba

Kafin nama ya yi jan nan na suya mai ƙamshi, sai fuskarsa ta kai zafin digiri 140 zuwa sama a ma'aunin Salshiyas, shi ya sa ake ɗora shi a kaskon da ya kai digiri 200 ko ya wuce. Zuma kuwa, mafi yawan sukarin da ke cikinta irin wanda masana ke kira furuktos ne, wanda yake fara canja launi tun daga wajen digiri 110. Sukarin shayi ma yakan jure zuwa wajen 160 ne kawai. To ki duba: kin ɗauki abin da ke fara ƙuna a 110 kin shimfiɗa shi a kan ƙarfen da ya haura 200, alhali naman da ke ƙarƙashinsa yana neman minti takwas zuwa goma kafin ya dahu. Zumar za ta yi ja, ta yi duhu, ta zama gawayi tun naman bai ɗau zafi a ciki ba.

Akwai kuma ruwan abarbar. Muddin akwai ruwa a jikin nama, zafin fuskarsa ba zai wuce digiri 100 ba sai ruwan ya ƙafe. Don haka a mintunan farko naman yana sulala ne a cikin ruwansa, yana yin toka-toka. Ruwan na ƙafewa kuma, abin da ya rage a gindin kasko sukari ne zalla, sai ya kama nan take. Shi ya sa kika ga kamar babu tsaka-tsaki, daga jiƙe sai baƙi.

Gyaran shi ne a raba aikin biyu. A soya naman shi kaɗai, a bushe, da gishiri da ɗan mai, a wuta mai ƙarfi. A kwashe shi, a rage wuta, a dafa romon zaƙin a wannan kaskon, sannan a mayar da naman ya yi minti ɗaya ko biyu yana shan romon. Waɗanda kike gani suna gamawa cikin rabin awa haka mafi yawansu suke yi, sai dai a ɗan gajeren bidiyo ba a cika nuna wurin da aka rage wuta ba.

Naman da za ki saya

A nan girkin ke yin kyau ko ya lalace, tun kafin ki kunna wuta. Dabbobin da ake yankawa don irin wannan suya a Turai da Amurka ƙanana ne, 'yan watanni, namansu da laushi. Ragunan kasuwanninmu kuwa, ko 'yan ƙasa ne ko uda ko balami, da yawansu sun shekara biyu ko fiye, sun sha tafiyar kiwo. Namansu ya fi ɗanɗano nesa ba kusa ba, amma jijiyarsa ta yi ƙwari, suyar minti takwas ba ta isa ta karya ta ba.

A gaban mahauci ki lura da abu uku. Tsokar ƙaramin rago ja ce mai haske, ta tsoho ja ce mai duhu. Ƙashin haƙarƙarin ƙarami siriri ne, da ɗan ja-ja a jikinsa, na tsoho kuwa fari ne fat, mai faɗi. Kitsen ƙarami fari ne mai ɗan tauri. Idan kan ragon na nan a kan teburi, haƙora sun fi komai faɗin gaskiya: wanda bai fara famfara ba bai wuce shekara ɗaya da 'yan watanni ba, kamar dai yadda ake dubawa lokacin layya.

Sai wurin da za a yanko. Abin da kike so shi ne ɓangaren haƙarƙarin da ke manne da ƙashin baya, inda akwai dunƙulen tsoka mai kamar ƙwai a saman kowane ƙashi, ko kuma gadon baya daga inda haƙarƙari ya ƙare zuwa ƙugu. Wannan tsokar ba ta aiki sosai a jikin dabba, shi ya sa take da laushi. Ƙasan haƙarƙari wajen ƙirji ba shi ba ne, wannan na farfesu ne. Karfata da wuya ma suna da daɗi amma jijiya ta yi musu yawa.

Mahautanmu sun saba sara da adda gunduwa-gunduwa, don haka sai kin yi bayani. Ki ce a bi tsakanin ƙashi da ƙashi da wuƙa, kowane yanka da ƙashinsa ɗaya, sai an iso ƙashin baya sannan a sara. Kaurin kowane yanka ya zama kamar santimita 2 zuwa 2 da rabi, wato ya ɗan fi faɗin babban yatsanki. Wanda bai kai haka ba zai bushe kafin ya yi ja. Kuma su zama kai ɗaya, don idan wani siriri wani kakkaura, ɗaya zai ƙone ɗaya na ɗanye.

Wani abin da ba a cika lura da shi ba: naman da aka yanka yau da safe yakan sandare bayan 'yan awanni, kuma a wannan halin ya fi kowane lokaci tauri. Idan ya kwana ɗaya zuwa uku a firji mai sanyi sosai, ƙasa da digiri 5, sai ya saki. Saboda haka naman da za ki soya ranar Talata, sayensa ranar Lahadi ya fi. Wannan fa sai inda wutar lantarki take tsayawa. Idan firjinki na kwana a kashe, kada ki yi kasada, ki bi hanyar sulalawa da zan kawo a ƙasa.

Kada ki sa kanwa don neman laushi. Tana sa nama ya yi laushi, gaskiya ne, amma tana kashe tsami, kamar yadda take yi a miyar yakuwa, kuma romon nan ba ya tsayuwa sai da tsami. Ɗanyar abarba da ɗanyar gwanda su ma suna narkar da nama, sai dai daga waje suke ci. Idan suka wuce minti 30 a jikin yanka irin wannan, waje zai yi laɓo-laɓo kamar an tauna, ciki kuma yana nan da taurinsa. Ni dai ba na jiƙa haƙarƙari da su. Gishiri da ɗanyar citta sun wadatar.

Romon da kansa

Kowane romon zaƙi da zai hau nama yana buƙatar zaƙi da tsami da gishiri da ɗan yaji. Haɗinki na zuma da abarba zaƙi ne a kan zaƙi, ko da bai ƙone ba zai gundure ku kafin a kai rabin faranti, musamman da yake naman rago na da kitse. Tsami ne ke yanke maiƙon nan ya sa a ƙara kai hannu.

Wanda na fi yarda da shi ga naman rago shi ne na tsamiya da dabino, kuma ana samun kayansa duk shekara. Ga na mutum huɗu, yanka takwas, wajen kilo ɗaya da ƙashi. Ki gutsiro tsamiya kamar girman ƙwan kaza, ki jiƙa a rabin kofi na ruwan zafi minti 15, ki dama da hannu ki tace. Ki cire ƙwallon busasshen dabino guda 6, ki buɗe kowanne ki duba cikinsa saboda tsutsa, ki jiƙa su a wani rabin kofin ruwan zafi. Busasshen dabino irin na Agadas yana neman minti 20 zuwa 30 kafin ya yi laushi, mai danshi kuwa minti 10 ya ishe shi. Ki markaɗa dabinon da ruwansa da ruwan tsamiyar a bilenda, ki ƙara zuma babban cokali 1, ko mazarƙwaila gwargwadon haka, da gishiri kwatan ƙaramin cokali. Mazarƙwaila tana ba da wani ƙamshi mai zurfi da zuma ba ta da shi, kuma ba ta saurin ƙuna kamar zuma. A gefe ki tanadi ɗanyar citta da aka goga ƙaramin cokali 1, tafarnuwa ƙwaya 2, rabin attaruhu, ƙaramar albasa rabi da aka yanka ƙanana, da kanumfari ƙwaya 2. Kanumfarin kada ya wuce haka, yana danne komai.

Ki ɗanɗana haɗin tun yana ɗanye. Ya kamata tsamin ya ɗan fi yadda kike so, domin idan ruwa ya ƙone zaƙin ne ke ƙara fitowa.

Lokacin mangwaro, daga wajen Maris zuwa farkon damina, ki gwada nasa: tsokar babban mangwaro ɗaya nunanne, ruwan lemon tsami babban cokali 2, zuma cokali 1, ruwa kwatan kofi, citta da attaruhu kamar na sama. Idan mai zare ne sai kin tace da rariya bayan markaɗe, in ba haka ba zaren zai nannaɗe a jikin naman. Mangwaro mai zaƙi sosai irin binta suga ba ya buƙatar zumar ma. Abarbarki ma tana yi, amma a dafe a matsayin romo, da lemon tsami a ciki, domin zafi yana kashe abin nan nata mai narkar da nama. Lemon zaƙi yana yi, kofi ɗaya na ruwansa a dafa ya koma sulusi, sai dai a feraye ɓawon kafin a matse, a cire 'ya'yan, don su ne ke kawo ɗaci. Jam na kwalba shi ne gajeriyar hanyar da Turawa ke bi: babban cokali 4, ruwa cokali 4, lemon tsami cokali 2. Yana fitar da mutum kunya ranar da aka makara, amma sukari ya yi masa yawa, ɗanɗanonsa kuma ba ya kai na tsamiya.

A kan wuta

Da kin shigo gida, naman za ki fara taɓawa. Ki wanke shi ki tsince ɓarɓashin ƙashin da adda ta bari, sannan ki tsane shi da tsumma mai tsabta ko takardar goge hannu har sai kin taɓa ba ki ji danshi ba. Wannan tsanewar ita ce rabin suyar. Ki barbaɗa gishiri ƙaramin cokali 1 mai ɗan tozo, da masoro rabin cokali. Gishirin ko dai ki sa shi dab da ɗorawa, ko ki ba shi minti 40 zuwa sama. A tsakanin nan gishirin ya jawo ruwa waje amma naman bai shanye shi ba tukuna, sai ki tarar da shi a jiƙe. Idan da safe kika sa kika bar shi a firji a buɗe, ya fi kowanne kyau.

Ki dubi gefen kowane yanka, akwai kitse da wata farar fata siririya a ƙarƙashinsa. Ki tsaga ta da wuƙa wuri biyu ko uku. Idan zafi ya taɓa ta takan tsuke ta lanƙwasa naman ya zama kamar ludayi, tsakiya ta ɗaga ba ta taɓa kasko, gefe kaɗai ke soyuwa. Kitsen da ya wuce rabin santimita ki rage shi.

Yanzu ki ɗora shinkafa, ki jiƙa tsamiya da dabino, ki yanka albasa. Kafin shinkafa ta tsotse kin markaɗa romo.

Kasko mai kauri ake so. Siririn kasko yana zafi a tsakiya ne kawai inda harshen wuta yake, nan ne zai ƙone. Ki ɗora shi ya yi zafi minti biyu zuwa uku, ki zuba man gyaɗa babban cokali 1. Ki fara jera yankan a tsaye, gefen kitse a ƙasa, suna jingine da juna, minti 2 zuwa 3, har kitsen ya narke ya yi ja. Mutane da yawa na tsallake wannan, sai a ci nama a bar farin kitse a gefen faranti. Sannan ki kwantar da su. Ya kamata ki ji ƙarar suya mai kaifi nan take. Idan kika ji shiru ko ƙarar tafasa, kaskon bai yi zafi ba ko kin cika shi. Yanka huɗu a lokaci ɗaya ya isa ga matsakaicin kasko, da tazarar yatsa tsakaninsu. Gara ki yi zubi biyu.

Kada ki motsa su. Naman zai manne da farko, idan ya yi ja da kansa zai saki. Minti 3 zuwa 4 a gefe ɗaya, ki juya, minti 3 a ɗaya gefen. Ki kwashe su a faranti tun suna da sauran ɗan dahuwa, domin za su koma wuta.

Ki tsiyaye kitsen da ya taru, ki bar kamar babban cokali ɗaya. Ki dubi gindin kaskon. Jan abin nan da ya manne ɗanɗano ne, ki bar shi. Idan akwai baƙi, ki goge shi da tsumma, don zai sa romon duka ya yi ɗaci. Ki rage wuta ƙasa da rabi. Idan a kan gawayi kike, ki sauke kaskon minti ɗaya ya huce, ki kuma janye wasu garwashin gefe. Ki zuba albasa ta yi minti biyu, sannan citta da tafarnuwa da attaruhu da kanumfari su yi rabin minti, daidai ƙamshi ya tashi. Ki juye romon, ki kankare gindin kaskon da cokalin katako.

A nan sai ki tsaya a kansa, ba wurin zuwa ɗauko wani abu ba ne. Da farko zai riƙa tafasa da ƙananan kumfa masu saurin fashewa. Bayan minti uku zuwa biyar kumfar za ta zama manya, masu nauyi, suna fashewa a hankali, launin ya koma kamar na maɗi. Ki ja cokali a gindin kaskon: idan hanyar da cokalin ya bi ta tsaya kamar daƙiƙa biyu kafin romon ya rufe ta, ya yi. Ki mayar da naman tare da ruwan da ya tsatso a farantin, ki riƙa juya su kina ɗebo romon da cokali kina zubawa a kai, minti ɗaya zuwa biyu. Ki kashe wuta tun romon na ɗan gudu, saboda yana ƙara kauri idan ya fara hucewa. Ki bar naman ya huta minti 3 zuwa 5 kafin a ci.

Game da dahuwa, hukumar aikin gona ta Amurka ta sa digiri 63 a tsakiyar nama, da hutun minti 3, a matsayin mafi ƙarancin zafi ga yankan rago irin wannan. A wannan zafin ciki na da sauran ja-ja. A digiri 71 ja ya ɓace gaba ɗaya. Yawancin gidajenmu ba a son ganin ja a nama, kuma ga naman da ya wuni a buɗe a kasuwa, ko inda akwai mai juna biyu ko ƙananan yara ko tsofaffi, dafa shi sosai ya fi. Amma 71 ɗin nan ita ce iyaka, abin da ya wuce ta bushewa ce. Idan ba ki da ma'aunin zafi, ki tsaga ɗaya kusa da ƙashi, wurin da ya fi jinkirin dahuwa. Da zarar jan ya koma ruwan hoda mai haske, ruwan da ke fita kuma ba jini-jini ba, ki sauke, hutun zai ƙarasa shi.

Idan ragon tsoho ne

Abin da ya same ki ke nan, lokacin da kika ƙara masa lokaci ya koma kamar fata. Nama mai jijiya yana da hali biyu: ko a dafa shi a gurguje, ko a daɗe ana dafa shi da ruwa. Tsakanin minti 15 zuwa 30 ne mafi munin wuri, domin tsoka ta tsuke ta matse ruwanta, jijiya kuma ba ta fara narkewa ba. Babu dabarar kasko da za ta sa tsohon rago ya yi laushi cikin minti goma.

Hanyar da ta dace da shi ita ce wadda muka gada, a sulala sannan a soya, kuma ga mai aiki ta fi sauƙi ma. Da daddare ko ranar hutu, ki jera naman a tukunya da albasa ɗaya, citta, gishiri, da ruwan da bai rufe shi ba. Ki rufe, wuta ƙasa-ƙasa yadda ruwan ke motsi kaɗan, minti 45 zuwa awa ɗaya da kwata, har cokali mai yatsu ya shiga ba gardama amma naman bai saki ƙashi ba. A tukunyar matsi minti 15 zuwa 20 ne. Ki bar shi ya huce a cikin ruwansa, ki kwashe kitsen da ya daskare a sama. Washegari ki tsane naman, ki soya minti 2 kowane gefe don ya yi ja kawai, sannan romo kamar yadda aka bayyana. Ruwan sulalen nan kada ki zubar, da shi za ki jiƙa dabino a madadin ruwa. Jijiyar da ta narke a cikinsa ce ke ba romo danƙo da sheƙin da ruwa zalla ba ya bayarwa. Da wannan hanyar karfata da wuya da naman akuya duk suna shiga girkin.

Idan wani abu ya karkace

Romo ya yi kauri ya fara kamawa: ki sauke, ki zuba ruwan zafi cokali biyu ki juya. Ya yi ruwa: ki kwashe naman ki ci gaba da dafa romon shi kaɗai, kada ki bar naman a ciki yana jira. Idan kika ga mai ya rabu yana yawo a sama, kitsen da kika bari ya yi yawa, ki kwashe da cokali, ki ƙara ruwa cokali ɗaya ki kaɗa kaskon, zai haɗe. Zaƙi ya yi yawa, lemon tsami da ɗan gishiri. Tsami ya yi yawa, zuma rabin cokali. Ɗacin ƙuna ne kaɗai ba ya gyaruwa, ƙara sukari ɓarnar sukari ce. Ki ceci naman, ki wanke kasko, ki sake romo, shi ya sa yana da kyau ki rage kwatan haɗin a kofi kafin ki juye.

Tsamiya tana cin alminiyam da baƙin ƙarfe. Mintunan dahuwar nan ba komai, amma kada abincin ya kwana a kaskon, zai ɗauko ɗanɗanon ƙarfe ya yi duhu. Idan a kan waya za ki gasa a madadin kasko, ki dafa romon daban ya yi kauri, ki shafa shi a minti biyu ko uku na ƙarshe, a gefen da garwashi ba shi da ƙarfi. Kuma idan akwai jaririn da bai shekara ba da ake ɗan lasa wa abinci, kada a ba shi wannan, ba a ba jarirai irinsa zuma ko dafaffiya ce.

Kitsen rago yana daskarewa da wuri fiye da na kaza, har ya riƙa mannewa a ganɗa, balle da hunturu. Ki ɗauraye farantan da ruwan zafi kafin ki zuba, kuma a ci nan take. Abin haɗi ya zama marar zaƙi: farar shinkafa, kuskus, dafaffen dankalin Turawa, ko gurasa a riƙa dangwalar romon. Dankalin Hausa da soyayyar ayaba zaƙinsu zai taru da na romon ya yi yawa. Kokwamba da albasa da lemon tsami a gefe suna wanke baki. Idan maigida na cikin masu cewa sukari ba ya shiga nama, karon farko ki cire zumar gaba ɗaya, ki bar dabino 4, ki sa attaruhu guda cur, sannan ki barbaɗa yajin suya kaɗan bayan kin sauke. Yajin suya na da ƙuli-ƙuli a ciki, shi ma yana ƙonewa a kasko mai zafi kamar yadda zumarki ta yi, don haka sai an sauke ake sa shi.